Junaidu Mai Wahalar da Inji

A garejin Tukur da ke bayan tashar Gummi, idan an gama ɗaure inji, mai mota ba ya karɓar makulli a hannun bakaniken da ya yi aikin. Sai ya jira Junaidu. Tukur ne ke kwance inji, ya canza ringi da fistin, ya wanke, ya mayar, ya tayar. Inji ya yi ta rugugi a tsaye kamar yau aka ƙera shi, mai mota ya washe baki ya miƙo hannu. A nan Tukur zai goge yatsunsa da tsumma, ya nuna wani dogon mutum mai furfura a gemu, zaune bisa tsohuwar taya yana ɓare gyaɗa.

"Ni nawa ya ƙare. Ga mai ba ka mota can."

Baƙon da bai san garejin ba yakan tada jijiyar wuya. "Haba Tukur! Ba ga shi shina tashi ba? Saurara hwa, awa agogo!"

Junaidu ko miƙewa ba ya yi. "A inuwa kaj ji shi, Alhaji, babu kaya, babu laka. Kai a inuwa za ka aiki da shi?"

"To mi za ka yi mishi?"

"Wahal da shi za ni yi. In mutuwa za shi yi, shi mutu hannuna kusa da gida, kada shi mutu hannunka tsakiyar daji da matan mutane a baya."

Daga nan sunan ya bi shi. Shi ba bakanike ba ne. Ko fulogi ya ɗaure sai Tukur ya bi baya ya duba. Taubasai ne, uwar Junaidu da uban Tukur ciki ɗaya suka fito, saboda haka ba a raba su da tsiya. Tukur na kiransa ɗan mace, bawan gidansu. Junaidu na cewa da ba don shi ba, da tuni mutanen Gummi sun yi wa Tukur rakiya da duwatsu har bakin gulbi.

A Dareta aka haifi Junaidu, cikin ƙasar Anka, gidan manoma. Da zinariya ta buɗe a yankin ya jingine fartanya kamar sauran samari, amma bai shiga rami ba. Dako ya kama. Da farko a babur yake ɗauko buhunan dutse daga bakin rami zuwa gari, daga baya wani mai hali ya ba shi tsohuwar a-kori-kura yana ja. A wannan hanya ya kashe injuna har ya gaji da ba da haƙuri. Kowanne daga hannun bakanike yake fitowa da murya mai daɗi, kowanne kuma a hawan rafin farko yake tari ya yi shiru. A lokacin Junaidu ya ɗauka halin inji ke nan, kamar yadda halin damina ne ta yi ruwa.

Sai shekarar da gubar dalma ta faɗa wa garin. A cikin gidaje ake niƙa dutsen, da injunan da aka saba niƙa hatsi, garinsa ya bi tabarmi da tukwane da hannuwan yara. Yara suka fara zazzaɓi da sanƙarewa, aka yi ta kai su makwanci. Zinatu, 'yar Junaidu, ba ta daɗe da yaye ba, ita ma ta kwanta. Likitocin agaji da suka zo garin suka ce a tafi da ita asibiti a Anka, aka sa su a wata farar mota mai jan ƙafa huɗu: matarsa Maimunatu a baya rungume da yarinyar, shi a gaba kusa da direba. An kwana ana ruwa. Junaidu ya san kowane rami na hanyar nan, ya san inda injunansa suka mutu ɗaya bayan ɗaya, saboda haka duk sa'ad da suka tunkari rafi sai ya dafe gaban motar, yana yi wa injin addu'a.

Direban, wani Bafillace mai suna Gidaɗo, ya dube shi ta wutsiyar ido. "Malam, bar wa Allah injin, ka yi wa yarinya addu'a. Irin wannan tun a inda ake ƙera su ake gana wa 'yan'uwansu azaba. A kunna su ba hutu, a sa su cikin zafi, a shaƙa musu ƙasa, a jijjiga su har a ga abin da zai fara karyewa, a koma a gyara. Wanda ya tsira, irinsa ake turo mana."

Motar ta shiga laka har bakin ƙofa ta fito. Ta shiga ruwa ta fito. Muryar injin ba ta canza ba har ƙofar asibiti. Zinatu ta tashi. Ta taso da ɗan nauyin baki da jinkirin karatu, amma ta tashi, yau ga ta nan budurwa tana ɗinki. Junaidu bai ƙara ganin Gidaɗo ba, ko garinsu bai tambaya ba, amma har gobe ba ya shafa addu'a bai sa shi a ciki ba.

Bayan wannan suka bar Dareta suka dawo Gummi wajen Tukur. Maimunatu ta sayar da awakinta ta sayi injin niƙa ta kafa a zauren gida, ta rantse babu abin da zai shiga bakinsa sai hatsi da wake da kayan miya. Shi kuwa Junaidu ya je wa Tukur da maganar da ta tsaya masa a rai: idan masu ƙera inji sabo fil suna wahalar da shi kafin su sake shi, su wa aka aiko da za su saki tsoho mai faci daga inuwar gareji?

Tukur ya ce, "Wato ni in gyara, kai ka ɓata."

"In na iya ɓata shi, ba ka gyara ba."

Aikin yana da tsari, kuma Junaidu ba ya tsallake ko ɗaya. Da farko lallashi: ya hau kwalta da mota fayau, a hankali, har sababbin ƙarafa su saba da juna, ya dawo a juye baƙin mai a zuba sabo. Sannan ya tambayi mai motar abin da take ɗauka. Ya gangara gulbi ya sa a cika buhuna da jiƙaƙƙen yashi daidai wannan nauyin. Idan motar mutane ce har suna yake raɗa wa buhunan: wannan Liman, wannan mai jego, wannan ƙaton ɗan kasuwa ne da ba ya matsawa. Daga nan sai ya bar kwalta. Ya sa mota a yashi mai laushi da giya ta ɗaya har ta yi nishi. Ya tsaya tsakar rana inji na aiki, yana kallon allurar zafi. Ya tsoma ta a laka, ya ratsa rafi, ya ja ta hawa da cikakken kaya, ya tsaya a tsakiyar hawan da gangan ya sake tashi. Tun da hanyoyin yankin suka zama abin da suka zama, ba ya fita sai rana ta ɗaga, kuma sai ya tsaya wajen 'yan kabu-kabu ya ji labarin hanya. Yakan shinshina hayaƙi, ya murza baƙin mai tsakanin yatsu. Amma babban makaminsa kunne ne. Inji na da murya a sama, wadda kowa ke ji, yana kuma da wata a can ƙasa, wadda ba ta fitowa sai wuya ta yi wuya. Wannan ta biyun ita Junaidu ke fita nema.

Ita ce kuma ta fara guje masa. Abin ya soma da wani ƙara a kunnen dama, kamar gyare ya shige ya ƙi fita. Sannan ya lura yana juya wa mutane gefen hagu. Sannan na hagun ma ya fara toshewa, maganar mutane ta koma kamar daga bayan katanga ake yin ta. Ya je asibiti shi kaɗai. Likita ya haska, ya gwada, ya tambaye shi sana'arsa, sannan ya gaya masa gaskiya: rugugin injunan dutse na Dareta da na motoci sun cinye abin da suka cinye, ba zai dawo ba, sai dai a kiyaye saura.

Bai gaya wa kowa ba. Ya koyi kallon leɓe, ya koyi yin dariya idan ya ga ana dariya. A hanya ya dogara da hanci da allura da rawar sitiyari, Allah kuma ya yi ta rufa masa asiri, babu motar da ya saki ta dawo. Amma duk ranar da ya miƙa makulli, tuwon dare ba ya wuce masa. Ya san sarai akwai ciwon da ba ya wari, ba ya ɗaga allura, sai dai a ji shi. Ya kuma san in ya faɗa, ya koma ɗan zaman taya da ɓare gyaɗa, mutumin da a da ake jira.

Ana haka daminar bara aka jawo motar Adabka. Tsohuwar a-kori-kura ce mai jan ƙafa huɗu, ta ƙungiyar manoman garin, tana hannun wani dattijo, Alhaji Saminu. Da rani hatsi take fitarwa. Da damina kuwa, idan hanya ta narke, ita kaɗai ke iya fito da mai naƙudar da ta gagara ko wanda maciji ya sara zuwa asibitin Bukkuyum. Tukur ya kwance injin gaba ɗaya ya ɗaure. Junaidu ya yi mata lallashi a kwalta, aka loda yashi, ya rage gwajin daji. Ya shigo gida da yamma ya zauna yana saƙe-saƙe. Wannan ba motar da zai saki da ƙila-wa-ƙala ba ce.

Maimunatu ta kashe injin niƙa, ta kakkaɓe gari daga zanenta, ta zo ta tsaya ta inda zai ga bakinta.

"Malam, gobe hanyar Adabka za ka?"

"I."

"Da ni za a. Na daɗe ban ga Inna ba." Ita 'yar Adabka ce, mahaifiyarta na can.

"Ke kin san motar gwaji ba ta ɗaukar mutum. Don mi nika ɗora buhu?"

"To sauke buhu guda in zauna madadinai."

Ya dube ta sama da ƙasa. "Sai dai biyu."

"Allah shi isam min! Tuwon wa kaka ci kana tsayi awa gwangwala?"

Ya so ya hana, amma 'yan kabu-kabu sun ce hanya lafiya kwana biyu, kuma Maimunatu ta riga ta ƙulla wa Inna garin dawa da daddawa. Da hantsi suka kama hanya, ita a gaba da lulluɓinta, ƙullin kaya bisa cinya.

Har suka wuce Bukkuyum babu abin da ya faru. Kwalta ta ƙare, gero ya rufe hanya dama da hagu, ya fi mota tsawo. Injin ya ci yashi, ya ci laka, allura na zaune inda take. Junaidu ya fara jin sanyi a ransa. Suka gangara wani rafi da ke kusa da Adabka, ruwa ya kai rabin taya, suka fito suka tunkari hawan da ke bayansa, doguwar ganga mai jan ƙasa da ruwa ya zaizaye. Ya sa giya ta ɗaya ya taka.

Maimunatu ta yi magana. Bai ji ba, idonsa na kan hanya. Ta dafa gwiwarsa.

"Malam, tsaya. Akwai abin da ka ƙwanƙwasa."

Ya taka birki. "Tsakuwa ta a taya."

"Ba taya ba. Can ƙasa, cikin cikinai. In ka taka shi hito, in ka ɗaga ƙahwa shi ɓace. Haka injina yay yi bara kahin shi ci mital."

Mital wasu 'yan ƙarafa ne masu santsi da sandar inji ke juyawa a kansu. In ɗaya ya fara ci, inji na iya yin kwanaki yana aiki lafiya, sannan rana ɗaya ya fasa kansa. Junaidu ya san haka sarai. Ya saki motar ta koma baya har bakin ruwa, ya sake hawa, ya karkata kai ya miƙa wa injin kunnen hagu da duk abin da ya rage masa.

"Ga shi nan!" in ji Maimunatu. "Ƙwas, ƙwas, ƙwas. Ka ji?"

Rugugi kawai yake ji, dunƙule guda, da gyaren da ke kunnensa.

Ya kai motar kan tudu, ya ja birkin hannu, ya buɗe bonet. Ya ɗauko dogon sukuddireba ya kafa bakinsa a gindin injin, ya ɗora ƙotar a kunne, yadda ya saba. Ya nuna wa Maimunatu totur, ya ce ta taka ta saki. Ta tattare zane ta taka da tsoro kamar mai taka kunama. Babu komai. Ya tsaya ya rasa abin yi. Can, ba tare da ya san dalili ba, ya cire ƙotar daga kunne ya cije ta da turamen haƙora, ya yi mata alama ta sake. Ta taka. Sai ga shi. Ba jin sa ya yi ba, a haƙora ya same shi, ɗan bugu siriri yana hawowa ta muƙamuƙi har cikin ƙoƙon kai, ya ɓace da ta ɗaga ƙafa.

Ya kashe motar ya zauna a bakin hanya. Maimunatu ta fito ta tsuguna gabansa.

"Tun yaushe kis sani?"

"Tun randa akuyar maƙwabta tat tsaya bayanka tana kuka tana cin tuwonka, kai kana ta ba ni labari."

"Ba ki ce komi ba."

"Kai ma ba ka ce ba. Na ga kana riƙon abinka da mutunci, nic ce in bar ka. Amma na ga yadda kaka kwana tun da anka kawo motag ga." Ta gyara lulluɓi. "Ina son ganin Inna, ba ƙarya niy yi ba. Sai dai ba ita ɗai tak kawo ni ba."

Ya sa wasu manoma da ke wucewa suka taya shi sauke buhunan a gefen hanya, don kada a ƙara wa injin ciwo. Adabka ta fi kusa, sai ya lallaɓa da motar fayau zuwa can.

Abin da bai yi tunani ba shi ne yadda garin zai tarbe su. Tun daga bakin gari aka gane ƙarar motar. Mata na leƙowa ta katanga, wata ta rangaɗa guɗa, maza suka taso daga majalisa suka bi ta har ƙofar gidan Alhaji Saminu. Dattijon ya fito yana gyara hula, fuskarsa cike da fara'a.

"Lale da Junaidu! Kai da kanka kak kawo muna? Wallahi ka zo kan gaɓa, muna da mata masu tsohon ciki, kullum da hwargaba muka kwana."

"Alhaji, ban kawo ta ba. Ba ta wuce ba. Akwai ciwo cikin injin."

Alhaji Saminu ya sa aka tada motar, ya sunkuya ya saurara, wasu ma suka matso suka kasa kunne. A tsaye, babu kaya, injin sai kiɗa yake.

"Mu dai ba mu ji komi ba," in ji Alhaji. "Amma an ce kunnenka ba irin namu na ba. In kai ka ji, shi ke nan."

Ga mafita ta buɗe wa Junaidu. Da ya gyaɗa kai, da magana ta ƙare, sunansa ma ya ƙaru. Ya dubi mutanen, ya hangi Maimunatu can gefe ta nufi lungun gidansu da ƙullinta a ka.

"Alhaji, ni ma ban ji ba," ya ce, da ƙarfi, irin na wanda ba ya jin muryar kansa. "Kunnena ya tahi, ya daɗe. Ɗiyarku taj ji. Da ni ɗai na, da yanzu na ba ku makulli."

Wani ya yi salati. Alhaji Saminu ya daɗe yana kallonsa, sannan ya kama hannunsa da hannu biyu ya ja shi zuwa zaure, ya ce a kawo fura.

Aka yi wa Tukur waya. Washegari ya iso a kabu-kabu da jakar kayan aiki, yana mita tun kafin ya sauka. Ya shimfiɗa buhu a ƙarƙashin motar a gindin wata tsamiya, ya juye mai, ya kwance kaskon da ke gindin injin. An jima ana jin ƙarar sifana da tsakinsa. Can ya turo kai waje, riƙe da ɗan ƙarfe kamar ɓarin wata, ya ɗaga shi ga rana. Sabo ne, shi ya sa shi da hannunsa, amma tsakiyarsa ta ƙuje har jan ƙarfen ciki ya bayyana. Tsohuwar dauɗa ce ta toshe 'yar hanyar da mai ke bi ya isa wurin, wanki bai fitar da ita ba.

"Inna lillahi," in ji Tukur a hankali. "Wanga da bai kai kaka ba." Ya dubi Alhaji. "Nawa na, Alhaji. Ban busa ramin ba yadda ya kamata."

Da mutane suka watse, Junaidu ya tsuguna kusa da shi.

"Tukur, na aje aikin. Ka nemi mai kunne."

"Mi kac ce?"

"Nic ce kunnena..."

"Af! Yau ni ka tambaya, kai ka maimaitawa." Tukur ya tashi zaune yana dariya. "Kai ɗan mace, wa kaka tsammanin bai sani ba? Garejin nan duk mun koma ɗaga murya awa sankira saboda kai. Mai shayi ma ya sani. Ran nan na zage ka tun daga kakanka na wajen uba, kac ce min amin."

Junaidu ya ɗago ya dube shi.

"Kuma kuna kallo ina sakin motocin mutane?"

"Ina bin bayanka in saurara in ka dawo, ba ka lura ba. Amma ka ga iyakar nawa." Ya jefa masa ƙarfen a cinya. "Na saurari injin ga a gareji har kunnena yay yi zahi, ban ji komi ba. Maimuna ma da a gareji tas saurare shi, da ba ta ji ba. Wa yas san hawan da za shi sa shi magana? Wa yas san nauyin da za a ɗora mai, da giyad da za a sa? Kai kak kai shi inda yat tona kanai. Kunne ko ana aro. Ka ga naka aron ma ya hi na asali, ga shi ta iya tuwo."

Junaidu ya juya ƙarfen a hannunsa. Abin da ya cika masa ƙirji ba kunya ba ce. Ya yi ta ɓoye abu a tsakiyar mutanen da suka daɗe suna taya shi ɓoyewa.

A kan haka suka tsaya, kuma a kai suke har yau. Ƙananan gwaji Tukur ke shiga gaba ya saurara. Idan babbar mota ce ta daji, kuma hanya da lafiya, Maimunatu ke rufe kanta da lulluɓi ta shiga, Zinatu ta tsare injin niƙa. Akwai masu gunaguni a gari, Maimunatu ta ce duk wanda abin ya dama ya kawo nasa kunnen.

Na farko da suka yi a haka shi ne na motar Adabka ɗin. Tukur ya wanke hanyoyin mai, ya sa sabon mital, Junaidu ya sake lallashinta daga farko kamar bai taɓa ba. Sannan suka koma inda suka bar buhunan, ruwa ya ƙara musu nauyi, aka loda. Ya gangara rafin, ya juyo, ya tsaya a gindin hawan. Ya yi bisimilla ya sa giya ta ɗaya.

Motar ta kama ganga tana nishi, jan ƙasa na fallatsa a baya. Rabin idonsa na kan hanya, rabi na kan fuskar Maimunatu. Ta rufe ido, ta karkata kai, goshinta a tattare kamar mai ɗanɗana miya. A tsakiyar hawan ya tsaya da gangan, ya sake tashi, ya taka har ƙasa. Fuskarta ba ta motsa ba. Ya koma ya sake. Ya kuma sakewa, har ta buɗe ido ta harare shi.

A kan tudu ya tsaya. Gero na kaɗawa, rufin kwanon Adabka na walƙiya can gaba.

Ta juyo ta yadda zai ga bakinta. "Babu komi, Malam. Lahiya lau shike. Ka iya aikinka."

"Mi kic ce?"

"Ka ji ni sarai."

"Wallahi iska ta ɗauke na ƙarshen."

"To ta kai ma shi gida," in ji Maimunatu. "Ja mu tahi, Inna na jira."

Junaidu ya yi hamdala a fili, ya saki birki.